Jagorar Hawa Ƙololuwar Margherita a Tsaunukan Rwenzori

In ana zancen manyan duwatsun Afirka, Kilimanjaro ne a bakin kowa, sai wanda ya ɗan yi karatu ya ƙara da Dutsen Kenya. Na ukun ba kasafai ake ambatonsa ba, alhali a ganina ya fi su wuyar sha'ani, ya kuma fi su kyau. Shi ne Dutsen Stanley, cikin jerin tsaunukan Rwenzori da ke kan iyakar Yuganda da Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango. Ƙololuwarsa mafi tsawo ita ce Margherita, mita 5,109. Kilimanjaro na da mita 5,895, Dutsen Kenya kuma 5,199. Wurin yana dab da layin da ya raba duniya gida biyu, inda kowa ke zaton zafi, amma ƙanƙara ce zaune a kansa rani da damina.

Ɓangaren Yuganda gandun daji ne na ƙasa tun 1991, faɗinsa ya kusa murabba'in kilomita 1,000, kuma UNESCO ta sa shi cikin wuraren gado na duniya a 1994. Ɗan sarautar Italiya, Luigi Amedeo, wanda ake kira Duke na Abruzzi, shi da tawagarsa suka fara taka ƙololuwar a watan Yunin 1906, ya raɗa mata sunan Sarauniya Margherita, mahaifiyar sarkin ƙasarsu. Mutanen wurin, wato Bakonzo, sun san dutsen tun kafin a haifi kakannin Duke ɗin, kuma har yau su ne 'yan jagora da 'yan dako. Ba a shiga sai da su.

Abin da nake so ka riƙe tun daga nan shi ne, ruwa da gaggawa ne ke kayar da mutane a Rwenzori. Ƙarfin ƙirji yana da amfani, amma na ga ƙarfafa sun juyo daga rabin hanya saboda safarsu ta jiƙe kwana uku a jere, ko saboda sun yi sauri iska ta gaza musu.

Mataki na farko: asibiti kafin tikiti

Kada ka biya ko sisi sai ka ga likita, kuma farkon abin da za ka nema shi ne gwajin jini na sikila. Wannan batu ya shafe mu fiye da Turawan da suka cika hanyar, shi ya sa ba ka cika ganinsa a takardun kamfanonin yawon buɗe ido ba. A tsayin mita 5,000, iskar da ke shiga jini a kowane numfashi ba ta wuce kusan rabin wadda ake samu a bakin teku ba. Mai SS bai kamata ya kusanci wannan tafiya ba sam. Mai AS, wanda a gida lafiyarsa ƙalau har yana buga ƙwallo, yana iya gamuwa da toshewar jini a saifa idan ya hau sama sosai, alamarta kuwa ciwo ne mai tsanani a gefen hagu na ciki, ƙarƙashin haƙarƙari. Mutane da yawa ba su san rukuninsu ba sai ranar da aka zo maganar aure. In ka fito AS, ka zauna da likita ka faɗa masa tsayin da za ka je da adadin kwanakin, ka bi abin da ya ce ko da bai yi maka daɗi ba.

A nan kuma za ka yi maganar hawan jini, asma ko ciwon zuciya in akwai, ka karɓi maganin rigakafin zazzaɓin cizon sauro domin garin Kasese da ke kusa da dutsen da ƙauyukan gindinsa akwai sauro, sannan ka tambaya game da acetazolamide, wanda aka fi sani da Diamox. Yana taimaka wa jiki ya saba da ƙarancin iska. Yana sa yawan fitsari da jin tsikari a yatsu, kuma bai dace da kowa ba, don haka kada ka saya a kyamis ka sha da ka. Katin allurar shawara, wato katin nan mai ruwan ɗorawa, dole ne. Ana dubawa a filin jirgin Entebbe.

Mataki na biyu: horar da ƙafa

Wata uku zuwa huɗu sun isa ga mai matsakaicin lafiya. Gudu a fili ba ya shirya ka yadda hawa da sauka ke yi. Ka goya jaka mai nauyin kilo 7 ko 8, ka nemi tudu. Mutumin Kano yana da matakalar Dala da Goron Dutse, na Zariya yana da Kufena, na Jos kuwa Allah ya ba shi duwatsun Shere, masu kai wa mita 1,829. Ka hau ka sauko, ka sake, har ka kai ga yin tafiyar sa'a shida kwana biyu a jere ba tare da gwiwa ta yi ƙara ba. Ka ba saukowa muhimmanci, domin ita ce ke cin gwiwa. Wanda ya samu hali ya je Chappal Waddi a gandun Gashaka-Gumti na jihar Taraba, dutse mafi tsawo a Najeriya, mita 2,419, zai ɗanɗani kwana a tudu cikin sanyi da hazo. Ya dai tuna cewa tsayin nan bai kai na masaukin dare na farko a Rwenzori ba.

Mataki na uku: lokaci, hanya da takardu

Rwenzori wuri ne na ruwa. Ana samun sauƙinsa sau biyu a shekara, daga Yuni zuwa Agusta, da kuma daga Disamba zuwa Fabrairu. Ko a waɗannan watanni ka sa a ranka za a yi ruwa. Ka dubi kalandar Musulunci ma, kada tafiyar ta faɗa cikin Ramadan, domin a sama jiki na bukatar lita uku zuwa huɗu na ruwa kullum, a riƙa kurɓa a kai a kai.

Hanyoyi biyu ne sanannu, duka daga gundumar Kasese. Tsohuwar ita ce Central Circuit, tana tashi daga ƙauyen Nyakalengija, kamfanin Rwenzori Mountaineering Services ke kula da ita, ana yin kwana bakwai. Ɗayar tana tashi daga Kilembe, tsohon garin haƙar tagulla, a hannun Rwenzori Trekking Services, kwana bakwai zuwa takwas. Hukumar kula da namun daji ta Yuganda ce ke da gandun, ita ake biya kuɗin shiga na kowace rana, kuma galibi kamfanin kan haɗa shi cikin lissafi. Ka sa ran abin zai haura dala 1,000, ban da jirgi da biza da tukwici. Ka nemi a rubuta maka abin da kuɗin ya ƙunsa dalla-dalla: abinci, mai dafawa, 'yan dako nawa, kayan hawan ƙanƙara, da abin da za a yi in ka kamu da ciwo a sama. Inshorar tafiya ma ka karanta ta da kyau, domin da yawa ba sa ɗaukar abin da ya faru sama da wani tsayi, kai kuwa za ka wuce mita 5,000.

Bizar Yuganda ta intanet ake nema kafin a tashi. Daga Kampala zuwa Kasese tafiyar yini ce a mota, ko ta Fort Portal ko ta Mbarara. Dalar da za ka riƙe ta zama sabuwa, marar yagewa, domin tsofaffin takardu kan sha wahalar canzuwa. Sannan ka bincika halin tsaro dab da tafiya. Yankin yana maƙwabtaka da gabashin Kwango; an rufe gandun daga 1997 zuwa 2001 saboda 'yan tawaye, kuma a 2023 an kai munanan hare-hare a yammacin Yuganda, ciki har da na wata makaranta a Mpondwe.

Mataki na huɗu: kaya

A nan zan daɗe, domin a nan ake cin tafiyar ko a faɗi.

Takalma iri biyu za ka ɗauka. Na farko takalmin roba mai dogon wuya, irin wanda masu noman fadama ke sawa. Kada ka raina shi, da shi za ka yi mafi yawan tafiyar, kuma shi 'yan dako ke sawa. Ka sayi wanda ya ɗan fi ƙafarka don safa mai kauri ta shiga, ka sa masa shimfiɗa mai laushi a ciki, ka yi yawo da shi a gida har ya saba da ƙafarka. Na biyu takalmin hawan dutse mai taurin ƙasa, wanda za a iya ɗaura masa haƙoran ƙarfe na taka ƙanƙara. Shi wannan a jaka zai zauna a bushe sai ranar ƙololuwa.

Duk abin da aka saƙa da auduga ka bar shi a gida: shadda, yadi, wandon jins, singileti. Auduga in ta jiƙe ba ta bushewa a can, sai ta manne a jiki tana zuƙe ɗumi. Ulu da yadin roba na 'yan wasanni su ne abin sawa, kuma a jere: mai laushi a jikin fata, mai ɗumi a tsakiya, rigar ruwa da wandonta a waje, sai babbar rigar sanyi ta dare. Yawancin waɗannan ana samunsu a gwanjo, a Ƙofar Wambai ko kasuwannin Jos, a farashin da bai kai rubu'in sabo ba, in mutum ya iya tonawa. Rigar ruwa dai ka gwada ta a gida, ka sa a kwara maka bokiti guda. Safa ƙafa shida ko bakwai, safar hannu biyu, siririya da mai kauri marar shan ruwa, hular sanyi mai rufe kunne, jakar barci wadda aka yi don sanyin da ya wuce daskarewar ruwa da maki 10, fitilar goshi da batir na ajiya, sandunan dogarawa biyu, baƙin tabarau mai kare ido sosai, da man kare fata daga rana. Baƙar fata ma tana ƙonewa a kan ƙanƙara, ido kuma yana iya rufewa da raɗaɗi na kwana biyu in aka bar shi tsirara.

Dokar da ba a karyawa ita ce ta kayan dare. Ka ware riga, wando da safa guda, ka ƙulle su cikin jaka marar shan ruwa tare da jakar barcinka. Da ka isa masauki ka tuɓe jiƙaƙƙun, ka goge ƙafa har tsakanin yatsu, ka sa busassun. Da safe kuma ka cire su ka mayar da jiƙaƙƙun jiya. Babu abin da rai ke ƙi kamar zura ƙafa cikin safa mai sanyin ƙanƙara da asuba, kuma shaiɗan zai raya maka ka fita da busassun yau kaɗai. In ka yi haka, daren nan ba ka da abin kwana.

Gatarin ƙanƙara, haƙoran ƙarfe, ɗamarar igiya da hular kwano, kamfani kan bayar ko ya ba da haya. Ka gwada su a kan takalminka tun a ƙasa. Guzuri kuwa, dabino, gyaɗa, dakuwa da zuma sun fi cakulan amfani, domin a sama sha'awar abinci kan ɗauke, sai abin da harshe ya sani ke shiga. Ka sanar da kamfani tun da wuri cewa naman halal kake ci. Akwai Musulmi a Kasese, ba abu ne mai wuya ba.

Mataki na biyar: kwanaki huɗu na hawa

Zan bi tsohuwar hanya. Ranar farko daga Nyakalengija, kimanin mita 1,600, ana ratsa gonakin ayaba da kofi, a shiga kurmi a bi gefen kogin Mubuku, a haura wani dogon tudu zuwa bukkar Nyabitaba, kimanin mita 2,650. Akwai zafi da gumi. Ka bar ɗan jagora ya nuna maka hawainiya mai ƙaho uku. Da idonka kaɗai ba za ka gan ta ba. Da dare za ka ji wani ihu kamar ana yanka mutum a cikin itatuwa. Wata 'yar dabba ce dangin rema, ka yi barcinka.

Rana ta biyu ita ce mutane da yawa ke kira mafi wahala. Ana gangarawa zuwa gadar Kurt Schafer, inda kogunan Mubuku da Bujuku suka haɗu, sannan a shiga dajin gora da duwatsu masu santsi, sa'a shida ko bakwai, zuwa bukkar John Matte, kimanin mita 3,400. Daga nan duniya ta canza. Itatuwa sun karkace, gansakuka ta lulluɓe su kore da ruwan ɗorawa, wasu zaruruwa na reto daga rassa kamar gemun tsoho, hazo na shiga yana fita.

Rana ta uku ce ta fadamar Bigo. An shimfiɗa katako a wasu sassanta, a wasu kuwa tsalle ake daga curin ciyawa zuwa curin ciyawa. Na taɓa kuskure ɗaya, ƙafata ta nutse har cinya, na zaro ta babu takalmi. Wani dattijo cikin 'yan dako, da kaya niƙi-niƙi rataye a goshinsa da igiyar ɓawon ayaba, ya sauke kayan, ya zura hannu har kafaɗa cikin laka ya ciro mini shi, ya ɗauraye a kududdufi ya miƙo, bai ce uffan ba. Daga nan na koyi taka inda ya taka, na daina zaɓar hanya da kaina. A wannan kwari ne za ka ga tsirran da suka sa masana ke tururuwa zuwa Rwenzori: lobeliya mai tsiri kamar hasumiya, da wani mai kai kamar ƙaton kabeji a kan gungume, ya fi mutum biyu tsawo, wanda ba ya zubar da matattun ganyensa, sai ya bar su su rufe jikinsa kamar bargo saboda sanyin dare. Ana wuce tafkin Bujuku a kwana a bukkar Bujuku, kusan mita 4,000, tsakanin duwatsun Stanley, Speke da Baker.

Shawarata, ka biya kuɗin ƙarin kwana guda a nan. Ƙa'idar likitocin tsauni ita ce, in an wuce mita 3,000, kada wurin kwanan yau ya ɗara na jiya da fiye da mita 500, kuma a huta yini guda bayan kowane kwana uku ko huɗu. Tsarin bukkokin hanyar nan ya ɗan zarce wannan ƙa'ida. Yinin hutun ka ɗan hau sama ka dawo ka kwana a ƙasa. Sannu ba ta hana zuwa.

Ciwon tsauni kan fara da ciwon kai, tashin zuciya, kasala da rashin barci. In ya tsaya a haka, kada ka ƙara hawa sai ya lafa. In mutum ya fara tangaɗi kamar mashayi, ko maganarsa ta rikice, ko yana haki alhali a zaune yake, ko tari mai kumfa, to ruwa ya fara taruwa a ƙwaƙwalwa ko huhu, kuma magani shi ne a sauko da shi nan take, ko da tsakar dare ne. Mu muna da al'adar ɓoye ciwo don kada a ce mun gaza. A can ka ajiye ta. Kowace safiya ka faɗa wa ɗan jagora gaskiyar yadda ka kwana.

Batun salla, matafiyi ne kai, akwai kasaru da haɗa salloli, akwai taimama in ruwan zai cutar. Ka tambayi malami hukuncin shafa a kan huffi kafin ka tashi. Alƙibla a can ba gabas take ba kamar yadda muka saba, arewa ce ta ɗan karkata gabas. Agogonsu yana gaban na Najeriya da sa'a biyu.

Rana ta huɗu gajeriya ce amma a tsaye take, har zuwa bukkar Elena, kimanin mita 4,540, a kan dutse tsirara, babu ko ciyawa. In hazo ya yaye za ka hango ƙanƙara dab da kai. Hangen Dala dai ba shiga birni ba ne. Ka ci abinci ko ba ka so, ka gwada kayan ƙarfe, ka sa batir da gorar ruwa cikin jakar barci don kada su daskare.

Mataki na shida: ranar ƙololuwa

Ana tashi cikin dare, wajen biyu ko uku, domin ƙanƙara ta fi tauri da aminci kafin rana ta taɓa ta, kuma gajimare kan rufe dutsen tun kafin azahar. Da farko duwatsu ne a hasken fitila, wasu wuraren da igiya a kafe. Sai a ɗaura haƙoran ƙarfe, a haɗa kowa a igiya guda, a ratsa shimfiɗar ƙanƙara ta Stanley. Ka buɗe ƙafafu kaɗan kada haƙoran su kama wandonka, ka taka da tafin ƙafa gaba ɗaya, kada ka bar igiya ta yi sako-sako tsakaninka da na gabanka, domin akwai ramuka a ƙarƙashin dusar ƙanƙarar. Daga nan a sauka kan dutse, a kama ƙanƙarar Margherita, wadda farkonta ke da tsananin gangara. Ƙarshe ɗan hawan dutse ne zuwa allon da ke ƙololuwa, inda ƙafa ɗaya ke Yuganda ɗaya ke Kwango.

Hanyar nan ta fi wuya yanzu fiye da a da, domin ƙanƙarar na narkewa. A 1906 duwatsu shida na Rwenzori ke da ita. Zuwa 2005 uku kaɗai suka rage, Stanley da Speke da Baker. Inda a da ake takawa a kan dusar ƙanƙara mai laushi, yanzu dutse ne mai santsi ko ƙanƙara mai taurin gilashi. Tsofaffin 'yan jagora kan nuna maka da sanda inda bakinta yake lokacin suna samari, kuma nisan kan sa jiki ya yi sanyi. A al'adar Bakonzo wurin nan mai alfarma ne, mazaunin Kitasamba, don haka ka kiyaye harshenka da hayaniya ko da ba ka yi imani da abin da suka yi imani da shi ba.

'Yan jagora kan yanke lokacin juyawa, galibi wajen goma na safe. In lokacin ya yi, ko saura taku ɗari, ka juya ba gardama. Kuɗin da ka kashe zai yi ta yi maka magana a kunne, amma mutumin da ke riƙe da igiyarka yana da iyali a Kasese.

Mataki na bakwai: saukowa

Yawancin rauni a nan ake jinsa, lokacin da gajiya ta taru hankali kuma ya koma gida. A ranar ƙololuwar ake komawa Elena, a bi mashigin Scott Elliot, mita 4,372, a gangara zuwa tafkunan Kitandara. Washegari akwai wani hawan zuwa mashigin Freshfield, kusan mita 4,300, sannan doguwar gangara mai laka, a wuce kogon Bujongolo inda tawagar 1906 ta yi sansani, zuwa bukkar Guy Yeoman. Rana ta ƙarshe akwai gangaren Kichuchu, dutse jiƙaƙƙe a gefen ruwa. Ka juya ka fuskanci dutsen, ka sauka da baya inda aka ce ka yi haka.

Ka tanadi tukwici da shilin ɗin Yuganda tun daga Kasese, ka tambayi kamfani abin da aka saba bayarwa, ka miƙa wa kowa nasa a hannunsa, har da wanda ya ɗauki gawayi da tukwane, wanda wataƙila ba ka ga fuskarsa ba sai ranar. Rigar sanyi da safar hannu da ba za su yi maka amfani a Sakkwato ko Maiduguri ba, ka bar musu. Sharar ka kuwa ta sauko tare da kai. Maganin zazzaɓi ka ci gaba da sha har kwanakin da likita ya ɗiba su cika, kuma in zazzaɓi ya kama ka cikin makonnin da suka biyo baya, ka je a gwada jini, ka faɗa musu inda ka fito.